Daga Eleme zuwa Mayo Gwoi: Kamfanin Indorama da robar da ta cika Jalingo

Da zarar damina ta kankama, manoman shinkafa da masara daga Mutum Biyu da Garba Chede da Iware sukan shigo Jalingo neman takin zamani, kuma ɗaya daga cikin sunayen da ke bakinsu a shagunan dillalai shi ne Indorama. A wurin yawancinsu sunan taki ne kawai, farin yuriya mai buhun kilo 50. Kaɗan ne suka san cewa taki ƙane ne a wannan gida, roba ce yaya. Irin robar da aka saƙa buhun da ita, da wadda aka ƙera butar alwalar da ke ƙofar shagon, da jarkokin da ɗan ga-ruwa ke turawa a kura a kan Titin Hammaruwa, da ledar fiya-watan da manomin zai tsotse ya yar kafin ya hau mota, duk a harabar kamfanin ake sarrafa ire-irensu, can a Eleme kusa da Fatakwal, tun shekaru goma kafin ya fitar da buhun taki na farko.

Ba duk robar da ke Jalingo ce ta fito daga Eleme ba, domin masana'antun ƙasar nan suna shigo da wani kaso mai yawa daga Saudiyya da Koriya da wasu ƙasashe. Amma kafin 2025, an shafe kusan shekaru ashirin babu wani gida a Najeriya da ya kai wannan samar da ɗanyen kayan roba. Tarihinsa ya shafi duk mai zama a ofishin gwamnati a Abuja, saboda dalilai biyu. Na farko, kadarar Gwamnatin Tarayya ce aka sayar, kuma har gobe gwamnati tana da hannun jari a ciki. Na biyu, gwamnatin da ke karɓar riba daga roba ita ce kuma ta haramta wa ma'aikatanta amfani da wani nau'inta a ofis.

Daga zare zuwa roba

Asalin kamfanin saƙa ce. Mohan Lal Lohia, ɗan kasuwa daga Indiya, ya koma Indunusiya tare da ɗansa Sri Prakash a farkon shekarun 1970, suka kafa masana'antar kaɗin zare mai suna Indo-Rama Synthetics a garin Purwakarta da ke tsibirin Jaba a tsakiyar shekarun. A 1991 suka shiga yin zaren foliyesta, wato zaren da ake samu daga sinadaran man fetur maimakon auduga. Wanda ya iya foliyesta kuwa ya riga ya yi rabin tafiya zuwa gorar roba, domin sinadari ɗaya ne: a ja shi ya zama yadi, a hura shi ya zama gorar ruwa ko ta lemo.

Daga baya gidan ya rabu rassa. Ƙanen Sri Prakash, Aloke Lohia, ya zauna a Bankok ta ƙasar Tailan, inda ya gina Indorama Ventures tun daga 1994. Wannan reshe ne ya zama mafi girma a duniya wajen samar da robar gora, wadda ake kira PET, har kamfanin yana cewa cikin kowace gora biyar ta irin wannan roba a duniya, ɗaya da kayansa aka yi ta. Shi kuwa Sri Prakash ya riƙe Indorama Corporation mai hedikwata a Singafo, kuma wannan ne ya zo Najeriya ya sayi Eleme. Mutane sukan haɗa su wuri guda idan suna magana, alhali kamfanoni biyu ne masu littafin lissafi daban, ko da yake reshen Bankok ɗin ma ya buɗe tasa masana'antar robar gora a Fatakwal a 2012.

Cinikin 2006

Kamfanin mai na ƙasa, NNPC, shi ya kafa Eleme a 1988, aka fara aiki a tsakiyar shekarun 1990. Tunanin mai kyau ne: maimakon a ƙona iskar gas a sararin Neja Delta, a mayar da ita roba, a rage kuɗin da ake kashewa wajen shigo da ita. Sai dai masana'antar ta kamu da cutar da ta kama 'yan uwanta. Ba a yi mata babban gyara a kan kari ba, bashi ya taru, injuna suka riƙa tsayawa, ba ta taɓa kusantar abin da aka tsara za ta iya fitarwa ba.

A 2006, zamanin Shugaba Olusegun Obasanjo, hukumar sayar da kadarorin gwamnati ta BPE ta sayar wa Indorama kashi 75 cikin 100 a kan dala miliyan 225. Aka miƙa ragama a watan Agusta, kuma cikin 'yan watanni injuna suka tashi. Daga baya rabon ya daidaita a kan kashi 65 ga Indorama, 10 ga NNPC, 10 ga Gwamnatin Jihar Ribas, 7.5 ga al'ummomin da masana'antar ke ƙasarsu, 2.5 ga ma'aikata, sai kashi 5 da ya rage a hannun Gwamnatin Tarayya. Farkon zaman bai zo da sauƙi ba, domin a 2007, lokacin da rikicin tsagerun Neja Delta ya yi ƙamari, an yi garkuwa da wasu ma'aikatan kamfanin Indiyawa. Duk da haka ba su tattara sun tafi ba.

Duk wanda ya yi aiki a ma'aikatar kuɗi ko ta masana'antu ya san dalilin da ya sa BPE ba ta gajiya da ambaton Eleme. Sauran cinikayyar wancan zamani ba abin tunawa ba ne. NITEL da aka sayar wa Transcorp a 2006 an karɓe shi a 2009. Kamfanin alminiyom na ALSCON ya shafe shekaru a kotu tsakanin masu iƙirarin mallakarsa. Ajaokuta kuwa, wadda aka ba kamfanin Pramod Mittal a 2004 aka soke a 2008, sai da Najeriya ta amince a 2022 za ta biya dala miliyan 496 kafin a rufe rigimar. Abin ban sha'awa a nan shi ne, matar Sri Prakash Lohia 'yar gidan Mittal ce, 'yar uwar Lakshmi da Pramod. Surukan juna ne suka karɓi kadarori biyu daga gwamnati ɗaya a shekaru biyu kacal tsakani, ɗaya ta zama abin misali, ɗaya ta zama bashi a wuyan ƙasa. Wanda ke neman ya ce matsalar daga ƙasar mai saye take, to wannan ya isa ya sa ya sake tunani, ya koma ya duba takardun yarjejeniya da yadda aka sa ido a kansu.

Akwai wani ma'auni mafi kusa. Matatar Warri ma tana da sashen yin robar buhu tun ƙarshen shekarun 1980, ya kuma ci gaba da zama a hannun NNPC. Ba a jin labarinsa a kasuwa.

Abin da ke fitowa daga Eleme

Babu buta ko bokiti ko guda da ke fitowa daga ƙofar Eleme. Abin da ke fitowa tsaba ce, farare ƙanana kamar shinkafar da aka sheƙe, a buhunan kilo 25. Ana janyo ruwan iskar gas ta bututu daga tashar Obiafu-Obrikom, a shigar da shi tanderu mai zafin da ya haura digiri 800, ya tsage ya zama wasu iskoki biyu, etilin da furofilin. Daga nan a ɗaura ƙwayoyinsu jere da juna kamar sarƙa, su daskare, a narkar, a tatso su kamar taliya, a yayyanka. Ta farko ita ce foliyetilin, robar leda da jarka da tankin ruwa da bututu. Ta biyu folifurofilin, robar buhu da igiya da tabarma da kujera da bokiti.

Iskar gas ɗin ce kuma ta haifi taki. A 2016 kamfanin ya fara yin yuriya a masana'anta mai fitar da tan miliyan 1.4 a shekara, wadda Farfesa Yemi Osinbajo ya ƙaddamar a Yulin 2017 yana muƙaddashin shugaban ƙasa. Layi na biyu ya zo a 2021 ya ninka adadin, sannan a Maris 2024 hukumar IFC, reshen Bankin Duniya mai ba kamfanoni rance, ta sanar da haɗa dala biliyan 1.25 domin layi na uku. Wani kaso mai tsoka na takin ana fitar da shi waje ta tashar Onne. Wannan shi ne ɓangaren da manomin Taraba ya sani, shi ne kuma ya kai sunan kamfanin har ƙauyukan da ba su taɓa ganin tsabar roba ba.

Inda Jalingo ta shigo

Jalingo gari ne da Sarkin Muri Muhammadu Nya ya kafa a 1893, ya zama babban birnin jiha a ranar 27 ga Agusta, 1991, lokacin da aka raba tsohuwar Gongola. Dattawan da suka ga garin kafin wannan rana suna iya lissafa abin da roba ta kora. Shantali ya bar wa butar roba wuri. Tulu ya bar wa jarka. Buhun algarara ya bar wa farin buhu mai sheƙi. Ganyen da ake naɗe ƙosai da alale ya bar wa baƙar leda da fara. Ko ƙwaryar nono, wadda ita ce ta fi kowa taurin kai, yanzu sau da yawa da bokitin roba take tafiya kafaɗa da kafaɗa. Lefe da jeren amarya ma sun shaida.

Bai kamata a yi wa wannan sauyi kallon asara zalla ba, kamar yadda wasu masu rubutu daga ɗakuna masu sanyi suke yi. Jarka ba ta fashewa idan yarinya ta yi tuntuɓe a hanyar rafi. Buhun roba ya fi araha, ba ya ruɓewa da wuri, kuma da shi ake loda masara da shinkafa da waken suya da riɗi da ke barin kasuwannin Taraba zuwa Kano da kudu. A unguwannin da famfo ba ya kawo ruwa, ledar fiya-wata mai rabin lita ita ce ruwan da talaka ya fi amincewa da shi, musamman idan aka ji ɗuriyar amai da gudawa. Roba a irin wannan gari ta tsaya ne a gurbin abubuwan da gwamnati ba ta samar ba.

Abin dubawa shi ne hanyar da take bi kafin ta iso. Tsabar da ta bar Eleme ba Jalingo take nufa ba. Tana zuwa Legas da Aba da Onica, ko ta haura Kano, unguwannin masana'antu na Sharaɗa da Challawa da Bompai, inda ake narkar da ita a zuba a ma'auni ta fito buta ko baho ko silifas. Daga can ne dillalai ke lodo kayan zuwa Babbar Kasuwar Jalingo. Masu gidajen ruwan leda ma galibi daga waɗannan garuruwa suke sayo naɗin ledar da aka riga aka buga wa suna da lambar NAFDAC. Ke nan aikin yi da ribar ƙira sun tsaya a wasu jihohi, abin da ya iso Taraba shi ne farashin ƙarshe.

A lissafin kasuwa kuwa hakan bai kamata ba. Tirela guda tana ɗaukar tan talatin na tsaba ba tare da ta bar gurbi ba, amma idan aka mayar da tsabar tankunan ruwa ko jarkoki, mafi yawan abin da motar ke ɗauka iska ce. Shi ya sa a ko'ina a duniya ake kai tsaba kusa da mai saye, a ƙera a can. Abin da ya hana Jalingo cin wannan moriya ba ɓoyayye ba ne. Injin ƙira ba ya son ɗaukewar wuta, domin idan lantarki ya yanke roba tana cikin narkewa, sai ta sandare a cikin injin, a yi asarar kaya da lokaci. Wutar garin daga dogon layin da ya biyo ta Gombe da Yola take zuwa, a ƙarƙashin kamfanin rarraba wuta na Yola, janareta kuwa dizal yake sha. Wannan a jihar da aka yi shekaru sama da arba'in ana yi mata alƙawarin tashar Mambilla, wadda a tsarin 2017 aka ce za ta ba da megawat 3,050, amma ta fi daɗewa a gaban masu sasanta rigimar kwangila fiye da a gaban injiniyoyi.

Ga kuma hanya. Kayan da suka taso daga kudu ta Wukari suke shigowa, kuma a watan Agustan 2024 ambaliya ta karya gadar Namnai da ke kan wannan hanya a Ƙaramar Hukumar Gassol. Manyan motoci suka koma dogon zagaye, ƙananan suka koma tsallakawa a jirgin ruwa. Kowane ƙarin kilomita yana bayyana a farashin buhu, a kan tsadar da cire tallafin mai da sakin darajar naira a 2023 suka riga suka jawo, domin tsabar roba ko a Eleme aka yi ta, farashinta yana kallon kasuwar duniya da dala.

Wa ke kwashe shara?

Tafiyar roba zuwa Jalingo tana da tsari, da dillali da direba da rasit. Komawarta ce ba ta da mai ita, sai 'yan jari-bola. Su ma ba komai suke ɗauka ba. Fasasshen bokiti da kujera da jarka suna da nauyi, ana saye a kan sikeli, a niƙa, a tara har ya cika mota a kai masana'antun da ke sake narkarwa. Gorar ruwa tana da rai na biyu da na uku tun kafin ta kai bola, a hannun masu zoɓo da kunun aya da man gyaɗa. Leda ce marainiya. Sai an tsinci ɗaruruwan ledojin fiya-wata kafin a haɗa kilo guda, jiƙaƙƙu, cike da ƙasa, sannan a biya kuɗin motar yini guda kafin a isa wurin mai saye. Yaron da ke yawo da buhu a Sabon Gari ko Magami ya fi kowane jami'i sanin wannan lissafi, shi ya sa yake tsallake ta.

Abin da aka tsallake yana da wurare uku da yake ƙarewa. Ko a cinna masa wuta da magariba, hayaƙin ya shiga ɗakunan mutane. Ko dabba ta ci, mahauta su tarar da shi a dunƙule cikin tumbin saniya ko akuya, a jihar da kiwo ke cikin manyan dukiyarta. Ko kuma ruwan farko ya kwashe shi zuwa lambatu, ya toshe bakin kwalbati, abin da ya wuce ya gangara Mayo Gwoi da Lamurde, daga can ya nufi Binuwai. Mutanen Jalingo ba sa wasa da maganar ruwa, domin ba su manta da Agustan 2005 ba, lokacin da gadar Nukkai ta rufta da jama'a a kanta. Leda ba ita ke saukar da ruwan sama ba, amma toshewar magudana tana mayar da ruwan sa'a guda ya zama kwanan zaune a unguwannin da ke kwari.

A nan ne tsarin ke nuna inda ya karkace. Ribar Eleme tana da masu ita a rubuce: kamfani, NNPC, Jihar Ribas, al'ummomin yankin, ma'aikata, Gwamnatin Tarayya. Kwashe shara kuwa, bisa jadawali na huɗu na Kundin Tsarin Mulkin 1999, aikin ƙaramar hukuma ne, wato matakin gwamnatin da ya fi kowa ƙarancin kuɗi, wanda sai a Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke cewa a riƙa ba shi kasonsa kai tsaye. Babu wani bututu da ke mayar da ko kwabo daga ribar roba zuwa lambatun Jalingo.

A takarda akwai shi. Hukumar NESREA ta daɗe da fito da tsarin da ke ɗora wa mai samar da kaya alhakin shararsa, kuma a 2018 manyan kamfanonin lemo da abinci suka kafa ƙawancen FBRA domin tattara gorori. Sai dai ƙarfin wannan aiki ya fi yawa a Legas da manyan birane, inda tattarawa ke da riba. Indorama Ventures da kansa yana cikin manyan masu sake sarrafa gora a duniya, har ya sanar a 2023 cewa ya sarrafa gora biliyan 100 tun daga 2011. Wannan gora ce, ba leda ba.

Abin da Abuja ta gwada

Ma'aikatan tarayya sun ga matakai da dama sun zo sun wuce ta kan teburansu. A Mayun 2019 Majalisar Wakilai ta amince da ƙudurin haramta leda, bai zama doka ba. A 2020 Majalisar Zartarwa ta amince da manufar ƙasa kan sharar roba. A farkon 2023 aka sanya harajin kashi 10 a kan robar da ake amfani da ita sau ɗaya a yar, sai Shugaba Bola Tinubu ya dakatar da shi a watan Yuli bayan koken masu masana'antu. A Yunin 2024 kuma aka haramta irin wannan roba a ma'aikatu da hukumomin tarayya, kamar yadda ƙaramin ministan muhalli na lokacin, Dakta Iziaq Salako, ya sanar. Wanda ya halarci taro a sakatariya tun daga lokacin shi zai faɗi abin da aka ajiye masa a gabansa ya sha.

Masu son a yi haramci na bai ɗaya sukan kawo misalin Ruwanda a 2008 da Kenya a 2017, da kuma Legas da ta fara da robar zuba abinci a Janairun 2024. Mutumin Taraba yana da misali mafi kusa, a ƙetaren iyakarsa. Kamaru ta fara aiki da haramcin siririyar leda a 2014, amma ledar ba ta ɓace daga kasuwanninta ba, sai ta koma shiga a ɓoye, kuma jami'an ƙasar sun sha cewa daga Najeriya ake shigo da mafi yawanta. Hana mai ƙosai leda ba tare da an ba ta abin da ya kai ta araha ba, ko hana fiya-wata a unguwar da babu famfo, doka ce da za ta ƙare a hannun masu karɓar na goro a bakin kasuwa. Harajin da aka dakatar ya fi kusa da maganin, in da an tsara shi ta yadda za a karɓa a kan tsaba, a ƙofar masana'anta da tashar jiragen ruwa inda masu biya ba su da yawa, a kuma raba shi ga garuruwan da robar ke ƙarewa. Kamar yadda aka tsara shi a 2023, asusun gwamnati kawai zai shiga.

A halin yanzu tsabar ƙaruwa take yi. A Maris 2025 matatar Dangote da ke Lekki ta fara fitar da robar buhu daga sashen da aka gina domin tan 830,000 a shekara, abin da ya kawo ƙarshen zaman Eleme ita kaɗai a fagen. Tattaunawar Majalisar Ɗinkin Duniya kan yarjejeniyar rage gurɓatar roba, wadda aka ɗaura aniyarta a Nairobi a 2022, ta watse ba matsaya a Busan a Disambar 2024, ta sake watsewa a Janiba a Agustan 2025, kuma abin da ya raba ƙasashen shi ne ko za a taƙaita yawan robar da ake samarwa tun daga masana'anta. A Jalingo dai sikelin ɗan jari-bola yana nan inda yake: yana auna bokiti, yana auna jarka, ledar kuma a mayar wa yaro da ita.